Ɗigo Biyu a Gindin Tukunya

Ku kifa tukunyar gidanku ku duba gindinta. Idan a Azare kuke, ko Chinade, ko Dambam, da wuya ba ku ga haruffa biyu ba, M da O, da 'yan ɗigo biyu a samansu. Kamfanin mahaifina ne ya zuba ta. A wannan makon na gano cewa tun da na koyi karatu a juye nake karanta haruffan nan.

Sunana Radiyya. Shekara biyu na yi ina gyaran rubutu a wata jarida a Bauchi kafin na dawo gida. Aikin ya bar mini cuta ɗaya: ba na iya wuce ɗigon da bai zauna a wurinsa ba. Shi ya sa Abdulrahim, wanda zan aura, ya raɗa mini Edita. Lauya ne. Wata goma sha huɗu muna tare, ban taɓa jin ya kira ni da sunan yanka ba.

Ga tarihin kamfanin kamar yadda ake faɗarsa a gidanmu. A 1984 kakana, Malam Mamman Umar, ya kafa rumfa a bayan kasuwa, yana narka tsofaffin gwangwanaye da fistan mota yana zuba tukwanen alminiyam, waɗanda mata ke kira na dalma. Wani tsohon akawu ya taɓa rubuta sunansa Omar, daga nan aka samo M.O. Ɗigo biyun nan kuwa taurari ne, alamar sa'a. Har a ƙofar kamfani taurari biyu aka zana da fenti ruwan zinariya. Abba ya karɓi aikin, ya yi wa kamfanin rajista a 1999, ya kawo injin kwanon rufi a 2010, daga baya aka ƙara tagogi da ƙofofi. Yau mutum tamanin da uku ke ci a wurin.

Ranar Asabar za a yi bikin cika shekara arba'in. A wajen bikin mahaifin Abdulrahim zai sa hannu ya shigo kamfanin da kashi ɗaya cikin uku, don a kafa sabon inji. Abdulrahim ne ke shirya takardun. Washegari Lahadi manyansa za su zo sa rana. Ni kuma Abba ya ba ni aikin rubuta ɗan littafin tarihi da za a raba wa baƙi, wanda kuma za a haɗa da takardun yarjejeniya a matsayin shaidar asalin kamfani.

Ranar Talata da hantsi saƙonsa ya shigo.

"Edita, tarihi ya kai ina?"

"Shafi na shida. Saura hoton uwa."

"Uwar wa?"

"Uwar tukwane, malam lauya. Za ka auri jikar maƙeri ba ka san uwa ba?"

"A yi mini afuwa, ya mai shari'a. A karantar da ni."

Na karantar da shi, bari ku ma in gaya muku. Uwa ita ce tukunyar da ake dannawa cikin damammen yashi ta bar siffarta, a cire ta, a zuba narkakken alminiyam a gurbin. Duk abin da ke jikin uwa sai ya fito a jikin 'ya'yanta. Uwarmu ta farko tana da tabo a kunne ɗaya, don haka duk tukunyar M.O. da tabo a kunne ɗaya take fitowa. An daɗe da daina aiki da ita. Tana Katagum, wurin kakata Hajiya Fadimatu, wadda muke kira Dada.

Laraba da ƙarfe takwas na hau motar Zaki, mai zuwa Katagum. Na sa doguwar riga ruwan toka da farin mayafi, na riƙe mata goro da man zafi.

"Lale da 'yar boko," in ji Dada, tana zaune bakin gadonta mai rumfa. "Ina mijin nawa mai baƙar riga? Ko ya gane na fi ki kyau kin hana shi zuwa?"

"Yana gaishe ki. Ya ce sai kin sa haƙora."

"Ja'iri. Me ya kawo ki tsakiyar mako?"

Na gaya mata. Ta nuna ƙarƙashin gado da sandarta. Na janyo tukunyar daga bayan tsofaffin kwallaye, naɗe cikin zanen saƙi. Ta fi na yanzu nauyi, ta yi duhu kamar azurfar da aka manta. Na kai ta bakin ƙofa inda haske yake, na kifa ta a kan tabarma, kunne mai tabo yana wajena. M da O suka fito sarai. Na ɗaga waya.

"Kin juya ta," in ji Dada.

"Daidai take."

"Kunne mai tabo gaba yake kallo, ba cikinki ba."

Na yi dariya. "Dada, ke da ba ki san A ba?"

"Ban san A ba, amma na san yadda mai ita yake ajiye ta."

"Malam?"

"Malam mai zuga wuta ne. Wale nake nufi."

Ta miƙo sanda ta tura kunnen, tukunyar ta juya a kan tabarma. M ya koma W, ya wuce baya. O ya dawo gaba. Taurarin nan biyu suka faɗo daga sama suka zauna a ƙafar haruffa, kowane a inda ɗigon taƙaita suna yake zama.

O.W.

Ba a ɗora ɗigo a kan harafi babba. Na san wannan tun ajin firamare, na ci abinci da shi shekara biyu. Amma tun ina goye ake ce mini taurari ne, ni kuma taurari nake gani.

"Wane ne Wale?"

Dada ta dube ni kamar na tambaye ta sunan garin da muke ciki. Ta ba ni labarin ba tare da ta rage murya ba. Oluwole sunansa, mutumin Ogbomosho, mutanen kasuwa suka raba sunan biyu suna ce masa Olu Wale, shi ma ya bi su a haka. Shi ya kafa rumfar. Shi ya zo da uwa daga garinsu. Kakana yaronsa ne, daga zuga wuta ya koyi zubi. Bayan shekara biyar ciwon ƙirji ya kama Wale, ya tafi gida jinya. Ranar tafiya ya kawo tukunyar har tsakar gida, ya ce, Mamman, amana ce, in na dawo tawa ce, in ban dawo ba ta ɗana ce. Bai dawo ba.

"Malam ya aika takarda sau biyu, shiru. Da zai rasu, a kan wannan gadon ya riƙe hannun ubanki ya ce in ɗan Wale ya zo a ba shi nasa."

"Ya zo?"

"Ke za ki tambaye ni? Ba a gidanku Titi take yini ba?"

Anti Titi. Mai shagon kayan kicin a layin 'yan robobi. Ƙawar Umma ta shekara goma sha tara. Ita ta kitsa mini kai ranar da na fara zuwa sakandare. Ashe 'yar Wale ce.

"Na ɗauka ubanki ya sallame ta tuntuni," in ji Dada. Sai ta kalli fuskata. Ta daɗe tana kallo. "Bai sallame ta ba ke nan."

Na ɗauki hoto biyu, ɗaya a juye, ɗaya a daidai. A mota Abdulrahim ya rubuto: "An samu uwa?" Na amsa: "An samu." Ya ce in turo ya gani. Na ce babu sabis sosai. Wannan ce ƙaryar farko da na yi masa, kuma da sabis ɗin na tura ta.

Alhamis bayan azahar na sami Abba a ofishinsa. Ta taga ana jin injin kwano yana sara. Ya cire hula ya ɗora a kan tebur, yana cin gyaɗa daga leda. Na durƙusa na gaishe shi, sannan na ajiye wayar a gabansa da hoto na biyu.

Bai taɓa ta ba. Ya gama taunar abin da ke bakinsa.

"Tsohuwa ta yi surutu."

"Abba, gaskiya ne?"

"Tashi ki leƙa tagar nan. Me kika gani?"

"Ma'aikata."

"Nawa?"

"Tamanin da uku."

"Abin da Bayaraben nan ya bari rumfar kara ce, da zugazugi ɗaya, da tukunya ɗaya. Sauran duk gumina ne. Ki duba hannuna." Ya miƙo, tabon ƙuna tun daga wuyan hannu har gwiwa. "Wannan amanar wa ce?"

"Amma Malam ya ce..."

"Ɗa ya ce. Ɗan Wale. Wani ɗa ya zo?"

"Abba, 'ya ma ɗa ce."

Ya ɗago kai. Ban taɓa gyara wa mahaifina magana ba, kuma ban san muryata za ta fito ba sai da na ji ta.

Bai yi tsawa ba. Da ya yi, da ya fi mini sauƙi. A hankali ya ce, "Lokacin da ta zo garin nan da mijinta, ni na samo mata shago. Ko ƙwandala ban karɓa ba. Ki tambayi uwarki. Na yi abin da zan iya." Ya mayar da hularsa. "Tarihi na ce ki rubuta, ba tonon silili ba. Surukinki mutum ne da ba ya sa ƙafa inda ake rigima. In ya ji akwai mai haƙƙi a gefe, zai janye. In ya janye ranar Asabar, kina ganin zai aiko ranar Lahadi? Ki yi tunani. Gobe da safe nake son littafi ya tafi wurin bugu."

Ya tura mini wayata da yatsa ɗaya.

Na iso gida na tarar da tsakar gida cike da kwalaye. Anti Titi ta kawo samfurin kayan kicin ɗina. Tana zaune kan kujera 'yar tsugunno, ta sha leshi ruwan goro da ɗaurin nan nata mai tsayi, Umma na gefe tana ɗaga kofuna a rana.

"Ga amarya! Zo nan, 'yata. Uwarki ta nace sai kwanukan Dubai, na ce mata wannan yarinyar ko ƙwai ba ta iya soyawa ba, me za ta zuba a ciki?"

"Anti, na iya shayi."

"Shayi! Lauya ya shiga uku." Ta yi dariya har ɗankunnenta na rawa. Hausarta ta fi tawa daɗi, ta Katagum ce tsantsa. "Tukwane dai ban kawo ba. Wa zai kai wa maƙeri wuƙa? Na gidanku sun fi."

Ta janyo ɗaya daga cikin tukwanen da aka wanke aka kife a kan turmi, ta ƙwanƙwasa gindinta da zobe. Yatsanta yana kan haruffan. Kunne mai tabo yana wajenta. Da za ta juya ta rabin zagaye kawai.

"Kin ji ƙara? Babu algus. Babana ma ya taɓa aikin nan, kin sani? A wurin kakanki ya yi aiki, kafin ciwo ya mai da shi gida. Ina 'yar shekara shida ya rasu, ko fuskarsa ba na tunawa sosai. Amma Mama ta ce har ya cika magana ɗaya yake maimaitawa, wai mutanen Katagum ba sa cin amana. Shi ya sa da maigidana, Baban Busola, ya ce mu zo arewa, na ce in ba Azare ba, ba ni zuwa."

Kofi ya suɓuce daga hannun Umma ya faɗa kwali. Bai fashe ba.

Anti Titi ta mayar da tukunyar ta kife.

Bayan ta tafi Umma ta biyo ni ɗaki ta rufe ƙofa.

"Abbanki ya kira ni."

"Umma, kin sani?"

"Na san ina da 'ya'ya shida, ke ce babba." Ta zauna bakin katifa, tana murza bakin zanenta. "Kina tsammanin ina jin daɗi? Shekara goma sha tara ina ba ta ruwa da hannuna. Ki bari a wuce Lahadi, Radiyya. Ki shiga ɗakinki tukuna. Bayan nan ni da kaina zan lallaɓa shi."

"Bayan nan kashi ɗaya cikin uku ya tafi."

"To ki zaɓa. Ki tsaya gaban mutanen Azare ki ce ubanki ya ci amanar mamaci, ki ga wanda zai aure ki, ki ga wanda zai auri ƙannenki."

Juma'a da safe na tura littafin wurin bugu. Da hoto na farko. Na rubuta a ƙarƙashinsa: "Uwar tukwane, 1984, ɗauke da sunan wanda ya kafa kamfani." Na zauna ina kallon jimlar. Babu kuskure ko ɗaya a cikinta. Ban taɓa rubuta ƙarya mai tsabta irin wannan ba.

Ƙarfe ɗaya saƙo ya shigo: "Edita, bayan la'asar zan zo. Akwai 'yar takarda da za ki sa wa hannu, cewa ke kika tattara tarihin kuma gaskiya ne iyakar saninki. Minti biyu. Sauran lokacin na zance ne."

Iyakar sanina. Na karanta kalmomin sau huɗu.

Na yi wanka, na sa atamfa kore wadda yake so, na kasa ɗaura ɗankwali sai a karo na uku. Kwalli ya zame mini a ido na goge. Na ji tsayawar motarsa ƙarfe huɗu da minti ashirin. Abba yana falonsa, wanda tagarsa ke kallon rumfar da muke zama. Ina fita na bi ta kicin don ɗauko ruwa. Na ɗora gora da kofi a faranti. Sai na ga ƙaramar tukunyar miya a kife a kan kanta. Ban yanke shawarar komai ba. Hannuna ne ya ɗauka.

Yana zaune cikin farar shadda, bai ko cire hular Juma'a ba, fayil a cinyarsa.

"Ikon Allah. Yau girki za a nuna mini? Anti Titi ta ce in shirya wa shayi har tsufa."

Ban yi dariya ba. Ya buɗe fayil, ya cire murfin biro, ya nuna mini layin.

"Nan. Kada ki gyara mini waƙafi, na roƙe ki."

Na karɓi biron. Na ajiye shi a kan faranti. Na kifa tukunyar a kan tabarma tsakaninmu, kunne mai tabo yana wajensa.

"Karanta."

"M, O. Na ci jarrabawa?"

"Ɗigon fa?"

"Taurari. Shafi na biyu na littafinki."

Na sa yatsa a kunnen na tura. Ƙarar dalma a kan tabarma ta yi mini kamar duk unguwa ta ji.

Murmushin bai tafi nan take ba. Ya tsaya a fuskarsa kamar an manta da shi a wurin. Na ga idonsa ya sauka a kan ɗigo na farko, sannan na biyu. Lauya ne, shi ma da ɗigo yake cin abinci.

"Wane ne?"

Na gaya masa. Jimla bakwai ko takwas, kamar yadda aka koya mini: wa, me, yaushe, a ina. Na haɗa da Anti Titi. Na haɗa da cewa Abba ya sani, kuma ni na sani tun Laraba, kuma sabis bai taɓa ɗaukewa ba.

Ya ɗauki biron daga faranti, ya mayar masa da murfi, ya sa a aljihu. Ya rufe fayil.

"Jiya na rantse a kan tawa takardar," ya ce. "A gaban kwamishinan rantsuwa. Da sunana da lambata. Na rubuta cewa na bincika, babu wani mai haƙƙi."

"Ban san jiya ba ne."

"Laraba kika sani."

Na zuba masa ruwa a kofi, bai taɓa ba.

"Radiyya."

Haka ya faɗa, cikakke, har da shaddar da ke kan harafin y. Ashe haka sunana yake a bakinsa. Ban so na ji ba.

"Alhaji yana ciki?"

"Yana ciki. Abdulrahim, me za ka ce masa?"

Ya miƙe ya gyara hularsa. Bai dube ni ba, bai kuma nufi mota ba. Ya taka zuwa ƙofar falo, ya cire takalmi, ya jera su daidai, ya yi sallama.

Labulen taga ya motsa. Ban san tun yaushe Abba yake tsaye a bayansa ba.

"Shigo," in ji Abba. "Ita ma ta shigo. Da tukunyar."

Na tashi. Na ɗauki tukunyar. Taku goma sha ɗaya ne daga rumfa zuwa ƙofar falo, na ƙirga. Ban san wanda zan tarar a zaune kusa da mahaifina ba, mijin da zan aura ko lauyan da na bari ya yi rantsuwar ƙarya. A bakin ƙofa na duba abin da ke hannuna. Na rungumo ta yadda na saba tun ina yarinya, kunne mai tabo a cikina.

Na tsaya na juya ta, tabon ya kalli gaba. Sannan na ɗaga labule.